Amsa: Me ya sa gajerun finafinan nan ba su da labari?

Malam, ka ce gajerun finafinan gwaji sun ɗaure maka kai, ba labari, ba magana. Da gangan ne ai. Nemi fim ɗin Tango na Zbigniew Rybczyński, ɗan ƙasar Poland, minti 8 kacal, ya ci lambar yabo ta finafinai ta Oscar a 1983. Ɗaki ɗaya ne. Ƙwallo ta faɗo ta taga, yaro ya haura ya ɗauka, ya fita, ya sake. A hankali mutum 36 suka cika ɗakin, kowa na maimaita abin da ya saba, ba mai kallon wani, ko karo ba sa yi. Zaman gidan haya a birni ke nan. A ganina da an sa musu magana da fim ɗin ya lalace. Ka kalle shi sau biyu, don karon farko yaron kawai idonka zai bi.