Fim ɗin gini da rushewa da waya kawai

Ɗan uwa na gane tambayarka, kana so ka haɗa gajeren fim mara jarumi mara magana, abu ya ginu ya ruguje, kuma waya kaɗai gareka. Zai yiwu sosai. Ni da laka na fara a ɗakina a Agege, ka motsa ta kaɗan ka ɗau hoto, ka sake motsawa ka ɗauka, hoto 12 ne sakan ɗaya, kaga minti ɗaya hoto 720 kenan, sai haƙuri. Manhajar waya mai suna Stop Motion Studio, wadda ke haɗa hotunan su zama fim, ta isheka.

William Kentridge, mai zane na Afirka ta Kudu da ke irin wannan fim, da gawayi yake zane, ya goge ya sake zanawa kan takarda ɗaya, tabon gogewar na nan ana gani, ni wannan tabon yafi burgeni wallahi.

Kuskurenmu shine riƙe waya a hannu, ka sayi mariƙi mai ƙafa uku a Computer Village, kasuwar waya da kwamfuta ta Legas. Ka rufe taga ka kunna fitila mai caji, in an ɗauke wuta haskenka bazai canza ba. Kada kayi gaggawar rushewar, nan ne daɗin yake. Sauti kuma nemi mai situdiyo ya haɗa maka.