Amsa ga wanda aka tura aiki Legas, iyali suna Kano

Ɗan'uwa, ka ce an tura ka Legas na shekara biyu, ba za ka tafi da iyali ba, kana neman shawara. Allah ya sa alheri ne.

Abin da ya fi karya mutane shi ne ɗora tukunya biyu a kan albashi ɗaya. Kafin ka tashi, ka ajiye wa gida shinkafa, masara da mai na wata uku. Kuɗin cefane kuwa ka sa banki ya riƙa tura wa uwargida ranar albashi, cikin asusunta, ba ta hannun ƙaninka ko aboki ba. Daga nan rigima take tashi: ɗan saƙo ya jinkirta ko ya taɓa kuɗin, ita kuma kunya ta hana ta faɗa, sai abin ya taru. Ka ware kuɗin asibiti daban, ka kuma tsayar da wanda za ta kira idan yaro ya tashi da zazzaɓi cikin dare.

In ma'aikacin gwamnatin tarayya ne kai, kana da alawus na kwana 28 na farko a madadin otal. Cike takardar tun makon farko, amma kada ka gina lissafi a kansa, yakan makara.

Kada ka biya haya ta waya. Ta shekara ake karɓa, ga kuɗin dillali da na yarjejeniya a kai. Je ka ga ɗakin, ka tambayi maƙwabta ko ruwa na shiga da damina. Kusanci da ofis ya fi arha muhimmanci, domin cunkoson Legas zai cinye maka kuɗin da lafiyar. Agege da Idi-Araba akwai jama'armu da masallatai. Gidan sauro dole ne.

Tunda ka yi niyyar zaman da ya wuce kwana huɗu, a mazhabar Malikiyya sallarka cikakkiya ce, ƙasaru sai a hanya.

Maganar dawowa ita ce babba. "Sai na samu sarari" ba rana ba ce, kuma mace da yara sun fi jure jiran da suka san ƙarshensa. Malamai suna kawo cewa Sayyidina Umar ya hana mayaƙa wuce wata shida ba su koma ga matansu ba. Ni dai ina ganin kada ka haura wata uku. Raba hutun shekararka kashi-kashi, ka sayi tikitin Sallah da wuri kafin ya yi tsada. Waya kuma a sa mata lokaci, misali bayan Isha'i, yara su fara karanta maka haddarsu, sannan ku yi taku maganar da uwarsu.