Amsar tambayar Yaya kan tafiyar ƙafa da muke yi a dajin Mole

Salam Yaya, ya gida ya iyali, ya mutanen Zazzau. Ka tambaye ni wai me ya kai mu daji a ƙafa har da mata da dattijo mai furfura, kuma wai har kuɗi muka biya, kace ko ɗabi'ar turawa muka fara ɗauka ne a Kumasi. Wallahi tambayar ta yi daidai, don na san a wajenku yanzu in aka ce daji abin da ke faɗo wa mutum a rai daban ne, ga Kamuku nan a Birnin Gwari kusa da ku, gandun daji ne na ƙasa tun 1999 amma wa zai kwashi iyalinsa ya nufi can a halin da ake ciki, Allah dai ya kawo mana ƙarshen abin. To bari in warware maka yadda yake a wajenmu.

Wurin sunansa Mole, yana arewacin Ghana a ƙasar Gwanja, kusa da Damongo wadda ita ce hedkwatar yankin Savannah da aka ƙirƙira a 2019. Shi ne gandun daji mafi girma a ƙasar, faɗinsa ya haura murabba'in kilomita 4,500, an keɓe shi a 1958 sannan ya zama cikakken gandun ƙasa a 1971, kuma sai da aka tashi mutanen wasu ƙauyuka daga ciki, wannan har yau tsofaffin yankin suna maganarsa. Kaga Gwanja ɗin nan dai ita ce wadda kakanninmu ke cewa sun tafi fataucin goro, su ɗauko kanwa da tufafi da fatu daga Kano da Zazzau da Katsina a kan jakuna su yi watanni a hanya kafin su sauka Salaga, kuma bayan yaƙin Salaga na 1892 ne da yawa suka watsu zuwa Karaki da Kumasi da Ankara, wato Accra babban birnin Ghana. Mu jikokinsu an haife mu a cikin gari, lungun zango a matse, kwano na gogar kwano, yaro zai kai shekara ashirin bai taɓa ganin bishiyar kaɗanya a tsaye ba alhali da man kaɗe aka yi masa wankan jego. Wannan shi ne babban dalilin da ya sa manyanmu ba sa hana wannan tafiya, wasu ma su ke tunzura ta.

Yadda muke shiryawa kuwa, ba wani kamfani muke bi ba. Ƙungiyar unguwa ce ko ta makaranta, a yi susu, adashi kenan, kowa na zubawa kaɗan kaɗan har rani ya shigo, don daga Disamba zuwa Afrilu ne ciyawa ke bushewa ruwa ya janye dabbobi su taru a tafkuna. A naɗa madugu ɗaya, shi ke riƙe kuɗi shi ke magana da direba shi ke da takardar sunayen kowa, kuma kafin a tashi sai an je an yi wa liman sallama ya yi addu'a, wannan ba a tsallake shi ko da samari ne zalla. A ɗauki bas a bi Techiman, Kintampo, a haye gadar Buipe, a karya a Fufulso a nufi Damongo, tafiyar na cinye kusan yini, salla kuwa ƙasaru muke yi a haɗa azahar da la'asar a inda aka tsaya cin abinci. Guzuri daga gida, wake da shinkafa da shito, wato soyayyen yajin Ghana, garin rogo, ƙuli, fura, wagashi, wato cukun nono, in an samu a hanya. Da yawanmu mun fi son kwana a Larabanga ko Damongo a kan otal ɗin cikin gandun, ya fi sauƙi ga aljihu kuma ga masallaci kusa, otal ɗin ciki akwai wajen sayar da giya da wajen ninƙaya, ba kowane magidanci ke son sauke iyalinsa a nan ba.

Abu ɗaya da zai ba ka mamaki, a bakin ƙofa kuɗin ɗan ƙasa daban na baƙo daban, kuma za ka ga dattawanmu tun kafin a tambaya sun zaro katin ɗan ƙasa. Akwai tarihi a bayan wannan. A 1969 gwamnatin Busia ta ba da umarnin duk baƙon da ba shi da takarda ya fita, zango ya girgiza, gidaje suka rabu, wasu ma nan Tudun Wada da Sabon Gari suka dawo ka fi ni saninsu. Waɗanda suka rage sun koya mana cewa takardarka ta kasance a jikinka kuma ka shiga duk wani abu na ƙasar da ƙafar dama, gandun nan namu ne kamar yadda yake na Ashanti da Dagomba da Gwanjawa, ba ma zuwa a rakuɓe.

Toh ita tafiyar kanta. Sau biyu ake fita a rana, bakwai na safe da wajen uku da rabi na yamma, kimanin awa biyu. Mu ta safe muka fi so, an yi asuba an sha koko da ƙosai, rana ba ta yi zafi ba kuma ba ta cin karo da la'asar. Ko bas ɗin cike yake da mutane ba a shiga gaba ɗaya, rarraba mu ake yi ƙananan rukuni, kamar mutum shida zuwa goma, kowane rukuni da ma'aikacin gandun daji ɗaya sanye da kaki riƙe da bindiga, shi ne jagora. Dalilin ƙanƙanta rukunin a fili yake, taro yana da hayaniya da ƙura da ƙamshin turare iri iri, dabba za ta ji ku tun daga nesa ta bar wurin, kuma mutum ɗaya ba zai iya sa ido a kan mutum talatin ba in giwa ta juyo. Ba a shiga da silifa, sai takalmi rufaffe, wanda bai zo da shi ba akwai na roba da ake haya. Farar shadda da jan mayafi a bar su a masauki, kaya masu kalar ƙasa ake so, baƙi da shuɗi kuma ƙudan tsando na bin su, cizonsa kuwa ko ta cikin riga yana ratsawa.

A nan ne fa abin da nake so ka gane yake. Jagoran nan sau da yawa yaro ne wanda a cikin gari shi zai durƙusa ya gaida Alhajin da ke bayansa, amma da an sauka daga kan tudun ofis an gangara kwari, in ya ɗaga hannu kowa ya tsaya cak, in yace a yi shiru ko tari mutum haɗiye shi yake, in yace a ja baya ba mai tambayar dalili. Giwa a garin wani zomo ce, kuma mutanen zango ba a koya mana wannan, a ciki muka tashi. Na sha ganin attajiri mai motoci yana bin sawun jagora a layi ɗaya ba musu, yaransa na kallo, ni a ganina wannan kaɗai ya biya kuɗin motar. Shi kuma jagoran ba tafiya kawai yake yi ba, karatu yake ba ku, ya tsuguna ya nuna sawu yace wannan na daren jiya ne, ya fasa kashin giwa da sanda ya nuna ƙwallayen 'ya'yan itacen da ta ci, ya nuna inda ta ɓare bawon bishiya da haure, ya ɗebi ƙura ya saki ya ga inda iska ta nufa don mu zagaya ta inda warinmu ba zai kai mata ba, idonta ba shi da ƙarfi sosai amma hancinta da kunnenta ba a magana. Ya kai ku inda dabbobi ke lasar ƙasa mai gishiri, duk sun rarake gindin tudun. Turanci suke bayani amma wasunsu na jin Hausa, da sun ji mu sai a juye.

Kuma dattawanmu ba sa barinsa shi kaɗai. Ya faɗi sunan bishiya da turanci, tsoho yace ai ɗorawa ce wannan, waccan maɗaci, ga marke ga kanya, wata Hajiya ta karɓe ta faɗi wadda ake jiƙa wa mai jego, yara na ta rubutawa a waya. Haka dabbobin, gwanki, mariya, mazo, gwambaza, mugun dawa, zabin daji, kada kwance a bakin tafki, sunayen da yaranmu ke ji a tatsuniya da karin magana kawai. Ɓauna da kanki sai an yi sa'a ko an shiga can ciki da mota, zaki kuwa kar ma ka sa rai. Giwa dai a rani da wuya a rasa ta, ka tsaya a ƙasa ɗaya da ita ba gilashi ba shinge, tana watsa wa bayanta laka, za ka ji mutane na ta subhanallah a hankali ba wanda ya umarce su.

Batun haɗari, eh daji ne, giwar ba ta gida ba ce. Ana ba ta tazara, ba a shiga tsakaninta da ruwa ko 'ya'yanta, in ta baza kunne ta kaɗa kai jagora zai janye ku. Bindigar don tsoratarwa ce in abu ya ɓaci. Wanda ya fi damunmu ma gwaggon biri ne a wajen masauki, ka ajiye leda ka juya ya sure.

Mata da ka tambaya, suna zuwa da mazajensu ko 'yan'uwansu, ko kuma su haɗa rukuninsu su kaɗai na 'yan Islamiyya da malamarsu, hijabi mai duhun ƙasa da wando a ciki da kambas, ba wanda ke ganin wani abu. Matan zango da ma 'yan kasuwa ne, sun saba hanya.

Sai maganarka ta cewa an ga nama an bari, na san jinin farauta ne irin na samarin da ke fita da karnuka da gora bayan an cire amfanin gona. A Mole haramun ne a doka, ko itace ba a karya, wanda aka kama kotu ce. Ni kam ina goyon bayan haka ɗari bisa ɗari, ka tambayi tsofaffin Zariya irin naman da ake samu da a bayan Kufena da bakin Galma, ka duba me ya rage yau. Ku ma kuna da Yankari a Bauchi da ruwan ɗumin Wikki, giwaye na nan, kamata ya yi makarantun Samaru da Kongo su riƙa kai yara akai akai.

In mun fito ba ma wuce Larabanga ba mu tsaya ba, 'yan kilomitoci ne daga ƙofar gandun. Masallacin ƙasa ne fari tas da itatuwa a soke a jikinsa, ga wata tsohuwar kuka a gefe, mutanen garin na cewa tun 1421 yake. Ƙarami ne, bai kama ƙafar ginin Babban Gwani na masallacin Juma'ar Zariya ba wajen girma, amma za ka so ka gan shi. Masu sauran ƙarfi su wuce ƙauyen Mognori a shiga kwalekwale.

In ka yi niyya ka zo tsakanin Janairu da Maris, fasfo ɗin ECOWAS ya ishe ka ba sai da biza ba, amma kar ka manta katin rigakafin shawara. Ko ka biyo ta Legas, Seme, Kwatano, Lome ka shigo ta Aflao, ko jirgi zuwa Ankara, sauran namu ne, zan sa madugu ya rubuta sunanka da na yaran tun yanzu. A gaida Inna da su Baffa, a ce muna neman addu'a.