Fartanya ta raba tana biyu: ta ƙaru ko ta mutu?

Wani mai lambun tumatir daga Kura ya aiko da tambaya: "An ce in fartanya ta raba tana biyu, kowane ɓari zai zama tana mai rai. Ashe ke nan yawan kaftu yana ƙara mini ita a lambu?"

Malam, wannan magana ta yaɗu ƙwarai, amma ba haka abin yake ba, kuma tana jawo asara. Ka ɗauko tana ɗaya ka ɗora a tafin hannu ka duba. Jikinta gaɓa-gaɓa ne kamar rake, a manyan tana gaɓoɓin sukan haura 100. A ido duk kama ɗaya suke, sai dai abin da ke ciki ya bambanta. Baki, ƙwaƙwalwa, jijiyoyin da ke harba jini, ƙundun da ke niƙa ƙasa da ruɓaɓɓen ganye irin na kaza, da kayan haihuwa, duk suna cikin gaɓoɓin gaba. Daga nan zuwa wutsiya kusan hanji ne kawai.

To in sara ya faɗa can wajen wutsiya, ɓarin kan yakan warke, har ya fitar da sabuwar wutsiya. Ɓarin bayan da kake gani yana mutsu-mutsu, a yawancin irin tana mutuwa yake yi. In kuwa saran ya faɗa kusa da kai, galibi duka biyun ka rasa. Saboda haka ka rage kaftu mai zurfi a kwamin da tana ta yi yawa, musamman da sassafe bayan ban ruwa, lokacin da take kusa da sama.

Ya kuma tambaya game da wani kumburi mai kama da zobe da ya gani a jikin wasu, ko cuta ce. Ni in na ga wannan zoben a lambu, murna nake yi. Alamar balaga ce. Shi ke fitar da ɗan kunshin da ƙwai ke kwanciya a ciki, kuma yana kusa da kai, da shi za ka gane gaba da baya. Kowace tana na ɗauke da kayan namiji da na mace, amma yawanci sai biyu sun haɗu.

Wata Hajiya mai shuka alayyafo a bayan gida ta ce tana ta ɓace mata tun shigar rani. Hajiya, tana ba ta da huhu, ta fata take numfashi, kuma fatar sai da laima. In ƙasa ta bushe sai ta nutsa ciki ta dunƙule ta jira damina. Ki shimfiɗa busasshiyar ciyawa ko harawar wake a kan kwami, ki zuba takin gida wanda ya ruɓe sosai, kada ki ƙona shara a wurin.

Zargin da ake yi wa tana na cin saiwar shuka kuma, a wanke ta. Ba ta da haƙori ko ɗaya. In kun tuge tumatir kuka ga saiwar ta yi ƙulu-ƙulu, aikin wasu ƙananan tsutsotsi ne da ido ba ya gani, maganinsu sauya shuka: ku sa masara ko dawa a wurin kafin tumatir ya dawo.