Filin Amsa: Lisa ta Blackpink da yadda ake ƙera mawaƙiya a Koriya ta Kudu

Wasiƙun wannan makon sun yi yawa a kan Lisa ta ƙungiyar Blackpink da irin rayuwar 'yan mata mawaƙan ƙungiya a Koriya ta Kudu. Mun haɗe tambayoyin da suka yi kama da juna.

Assalamu alaikum. Muna gardama da ƙawata, ta ce Lisa 'yar Koriya ce, na ce a'a. Wace ce ita, kuma ta yaya ta shiga ƙungiyar?

Wa alaikumus salam. Ke ce da gaskiya, 'yar'uwa. An haifi Lisa ranar 27 ga Maris, 1997 a lardin Buriram na ƙasar Tailan, ta girma a Bankok. Sunanta na yanka Pranpriya, daga baya aka sauya mata zuwa Lalisa Manobal. Da rawa ta fara tun tana ƙarama, ba da waƙa ba. A 2010 kamfanin waƙa na Koriya, YG Entertainment, ya je Tailan tantance matasa, cikin mutum kusan 4,000 ita kaɗai aka ɗauka. Ta koma Koriya a 2011 tana da shekara 14, ita ce 'yar koyo ta farko a kamfanin da ba jinin Koriya ba. Sai da ta yi shekara 5 tana koyo kafin ƙungiyar ta fito ranar 8 ga Agusta, 2016, su huɗu: Jisoo, Jennie, Rosé da ita. Ita ce autarsu, ita ce babbar mai rawa, kuma tana raba baitocin gambara da Jennie.

Shekara 5 ana koyon me? Ai wadda Allah ya ba murya da iya rawa ba ta buƙatar wannan dogon zama.

Malama, cin tantancewa ba shiga ƙungiya ba ne, izinin shiga layi ne kawai. Wadda aka ɗauka takan sa hannu a takardar koyo, ta koma gidan kwanan kamfani, a tsara mata darussa: murya, rawa, gambara, harshe, da yadda ake magana gaban kyamara. Baƙuwa irin Lisa sai ta fara da Koriyanci daga tushe, 'yan ƙasa kuma a ɗora musu Turanci ko Japananci ko Sinanci, gwargwadon kasuwar da kamfani ya nufa. 'Yan Blackpink sun faɗa a shirin tarihinsu da Netflix ya fitar a 2020 cewa sukan yi awa 14 a rana suna atisaye, hutu kuwa kwana ɗaya duk mako biyu.

Abin da ya fi ɗaga hankali shi ne jarrabawar ƙarshen wata. Kowace yarinya za ta gabatar da waƙa ita kaɗai, sannan ta shiga rukuni a yi waƙa da rawa tare, gaban shugabanni da masu tsara kiɗa. Ana ba da maki, ana ɗaukar bidiyo a ajiye domin a kwatanta da na watan jiya. Wadda ta daɗe ba ta motsa ba sai a sallame ta, ko da ta shekara 4 a gidan.

Rawar ma da ƙa'idarta. Ana yanka ta gunduwa-gunduwa bisa ƙirge na takwas-takwas. A fara a hankali ba kiɗa, gaban madubi, sai a saka kiɗa a rage masa gudu, sannan a koma ainihin gudunsa. Daga nan a kafa kyamara wuri ɗaya a ɗauka, a riƙa tsayar da hoton ana duba tsayin gwiwar hannu da karkatar kai. In hannun ɗaya ya ɗara na sauran, an sake ke nan. Nan ne gwanayen rawa da yawa ke faɗuwa, domin wadda ta saba ita kaɗai a fili takan ƙara wa motsi gishiri, a ƙungiya kuwa wannan kuskure ne.

Sai kuma abin da ba ya hannun yarinya ko kaɗan. Kamfani ba mafi gwaninta yake ɗiba ba, gurbi yake cikewa: babbar mai rera waƙa, mai gambara, mai rawa, wadda fuskarta za ta ja talla, wani lokaci da shugaba. In an riga an samu mai murya irin taki, ko tsayinki bai dace da na sauran ba, ko kamfani ya ɗage fitar da sabuwar ƙungiya da shekara 2, sai ki wayi gari an ce shekarunki sun wuce. A ganinmu wannan ne mafi ɗacin tsarin, domin yarinyar ta riga ta sadaukar da karatunta, kuma ba takardar shaidar da za ta fita da ita.

Da gaske suke rera waƙa a dandamali, ko baki kawai suke motsawa?

Duka biyun akwai, kuma galibi abin yana tsakiya ne. Ana kunna kiɗan da aka riga aka naɗa, a cikinsa akwai muryoyin amshi, wani lokaci har da babbar muryar an rage mata ƙarfi. Makirfon mawaƙiya a buɗe yake, tana ɗora muryarta a kai. In rawa ta yi zafi injiniya ya ɗaga muryar da aka naɗa, in an zo waƙa mai sanyi ya sauke ta. A shirye-shiryen kiɗa na talabijin kuwa, irin su Music Bank na ranar Juma'a da Inkigayo na Lahadi, sau da yawa tun da sassafe ake ɗaukar wasan, a maimaita shi har a samu wanda ya yi kyau.

Abin nan da kuke gani a kunnensu na'urar sauraro ce da aka ƙera daidai da ramin kunnen kowace. Ta ciki take jin kiɗa, da muryarta, da wani ƙas-ƙas mai ƙirga mata lokaci. Ba don shi ba, a babban filin wasa sautin lasifika yakan daki bango ya dawo a makare, ga ihun dubban mutane, sai mawaƙiya ta bi amsa-kuwwa ta saki kiɗa. Shi ya sa in na'urar ta zame saboda gumi, ko batirin da ke ɗaure a ƙugu ya mutu, za ku ji murya ta kauce ko ta shigo a baya. Idan kun ga tana nuna kunnenta tana ɗaga yatsa sama, injiniya take roƙo ya ƙara mata sauti. A bakin dandamali kuma akwai lambobi, sifili a tsakiya, sauran suna tafiya hagu da dama, da su kowace ke gane wurin tsayuwarta. Ɗaya ta yi rashin lafiya, dole a sake raba baitoci da wuraren tsayuwa, wani lokaci ana gobe wasa.

Ni uba ne, kuma abin da ke damuna shi ne ƙananan yara ake ɗiba. Ba doka ne? Kuma gaskiya ne ana hana su soyayya?

Malam, damuwarka tana kan hanya. Akwai doka tun 2014: wadda ba ta kai shekara 15 ba ba za a sa ta aikin da ya wuce awa 35 a mako ba, daga 15 zuwa 18 awa 40, kuma an taƙaita aikin dare daga ƙarfe 10 zuwa 6 na safe. Matsalar ita ce atisaye a ɗakin rawa yana da wuyar ƙirgawa, musamman in an ce yarinyar ce ta zaɓi ta tsaya.

Hani kuwa gaskiya ne. 'Yan Blackpink sun lissafa a wata hirar talabijin a 2017 abubuwan da aka hana su, ciki har da shan giya, taba, zuwa gidan rawa, tuƙin mota da soyayya. Wanda ya kafa kamfanin waƙa na JYP ya ce kamfaninsa yana hana soyayya shekara 3 na farko bayan fitowa. Ko ba a rubuta ba, masoya kan tilasta: a Maris 2024 Karina ta ƙungiyar aespa sai da ta rubuta takardar ban haƙuri da hannunta bayan an ji tana soyayya. Ga ciwon idon sawu da gwiwa saboda rawa da takalmi mai tsini, ga ƙullutun da ke fitowa a maƙogwaro in an matsa wa murya ba hutu, ga awon nauyi. Zagin intanet ya fi duka muni. Bayan rasuwar mawaƙiya Sulli ta ƙungiyar f(x) a Oktoba 2019, babban shafin labarai na ƙasar, Daum, ya rufe wurin sharhi a ƙarƙashin labaran nishaɗi, shafin Naver ma ya bi sahu a Maris 2020, bayan rasuwar Goo Hara ta ƙungiyar Kara a Nuwamba 2019.

Ana cewa wasu mawaƙan kan yi suna amma ba su da ko sisi. Ta yaya haka ke faruwa?

Ta hanyar bashin koyo. Manyan kamfanoni kan ɗauke kuɗin horo a matsayin jarinsu, amma ƙanana da dama rubutawa suke yi: abinci, haya, malamai, tufafi, gyaran gashi, bidiyon farko. Mawaƙiya ba ta karɓar komai sai an cike wannan ramin.

Ga lissafin misali, mu muka ƙirƙiri alƙaluman domin a ga yadda abin ke aiki. A ce kamfani ya kashe won (kuɗin Koriya) biliyan 2 kan 'yan mata 5, wato miliyan 400 a wuyan kowace. A ce bayan an cire kuɗin aiki ribar shekara miliyan 800 ce, rabo kuma kashi 70 na kamfani, 30 na mawaƙa. Kason mawaƙa miliyan 240 ke nan, kowace miliyan 48. In daga kasonta ake cire bashin, sai ta haura shekara 8 kafin ta ga kuɗinta na farko, alhali kwantiragin na shekara 7 ne. Kuma kowane sabon kundi yana zuwa da nasa kashe-kashen. Saboda haka abu biyu ake dubawa a takarda kafin kason kansa: daga ina ake cire kuɗin da aka kashe, daga jimillar abin da ya shigo ko daga rabon mawaƙiya, sannan shin tana da ikon ganin rasit. Rikicin ƙungiyar Fifty Fifty da kamfaninsu a 2023 har da batun bayanin kuɗi a ciki. Sun nemi kotu ta dakatar da kwantiragin, kotu ta ƙi a watan Agusta, ɗaya ta koma, uku aka sallame su, ana tsakiyar cin kasuwar waƙarsu a duniya.

Wani abin da masoya ba su cika lura ba: mai rera waƙa daban, mai haƙƙin waƙa daban. Kuɗin mallakar baiti da karin waƙa na wanda ya rubuta ne, kuma yawancin waƙoƙin Blackpink mai tsara kiɗa Teddy Park ne ya tsara su. Naɗaɗɗen sautin kuma na kamfani ne. Inda mawaƙiya ke samun babban rabo shi ne wasannin zagaye da talla. Zagayen duniya da Blackpink suka yi daga Oktoba 2022 zuwa Satumba 2023 wasa 66 ne, 'yan kallo kimanin miliyan 1.8. Lisa kuma ta zama jakadiyar kamfanonin kayan ado Celine da Bulgari a 2020, sannan Louis Vuitton a 2024. Amma kada a auna sana'ar da su huɗun nan. Ƙungiyoyi da yawa kan fito kowace shekara, 'yan kaɗan ne ke kai wa ga kundi na uku.

Tunda Lisa ta buɗe kamfaninta, Blackpink ta watse ke nan?

Ba ta watse ba. A 2009 hukumar kula da adalcin kasuwanci ta Koriya ta fito da samfurin kwantiragi mai iyakar shekara 7, a shekarar da mutum uku na ƙungiyar maza ta TVXQ suka kai kamfanin SM kotu kan kwantiragin shekara 13. Tun daga nan shekara ta bakwai ta zama mararraba: 2NE1 da 4Minute sun fito a 2009 sun rabu a 2016, Sistar da Miss A sun fito a 2010 sun rabu a 2017. Twice kuwa su taran duka suka sabunta a 2022.

Na Blackpink ya ƙare a Agusta 2023, sai suka raba abin gida biyu. A Disamba suka sabunta da YG kan aikin ƙungiya kaɗai, aikin kowace ita kaɗai kuma ya koma hannunta. Dalilin a bayyane yake in aka duba jeri: Jennie ta fitar da waƙarta ita kaɗai a 2018, Lisa sai Satumba 2021 layi ya zo kanta, Jisoo sai 2023, domin kamfani ne ke yanke wa kowa rana. Lisa ta kafa kamfaninta Lloud a Fabrairu 2024, a Afrilu ta ƙulla da RCA Records na Amurka bisa sharaɗin naɗaɗɗun waƙoƙinta mallakarta ne. Kundinta Alter Ego ya fito ranar 28 ga Fabrairu, 2025, a watan da ta fara fitowa a wasan talabijin na The White Lotus. A Yuli 2025 kuma su huɗun suka koma zagaye tare.

Me ya sa ba su kwashe gaba ɗaya suka bar YG ba? Sunan ƙungiya yawanci kamfani ne ya yi masa rajista, haka tsoffin waƙoƙi. Wadda ta fita ba ta fita da su sai da yardarsa. 'Yan Brave Girls, waɗanda waƙarsu ta 2017 sai a 2021 ta yi tashe, da kwantiraginsu ya ƙare a 2023 suka koma wani kamfani, sai da suka sauya suna zuwa BBGirls kafin su ci gaba da aiki.