Zambo, Habaici ko Barkwanci? Sunan Finafinan Abokai 'Yan Wiwi

Tambaya: Malam, ina rubutu kan finafinan ban dariya na Amurka da ake nuna abokai biyu mashaya tabar wiwi suna shirme, amma a ƙarƙashin shirmen ana sukar al'umma. Zambo zan kira su? Kuma su ne camama?

Amsa: Zambo bai dace ba. Shi zambo muzantawa ce ƙiri-ƙiri: makaɗin fada ya siffanta abokin hamayyar sarkinsa, ya kushe surarsa ko halinsa har kowa ya gane wa ake nufi. Habaici kuwa jifa ne a kasuwa. Ba a kama suna, wanda ya tsargu shi ke cewa da shi ake. Barkwanci shi ne raha da zolaya ba da nufin cutarwa ba, irin ta Fulani da Barebari. To waɗannan finafinai barkwanci ne mai ɗauke da habaici. Wanda ya bugu yakan faɗi abin da mai hankali zai ji nauyin faɗa game da 'yan sanda ko maigidan aiki, a yi dariya a wuce, saƙo kuma ya isa. Karin maganar da ta fi kama wannan ita ce "da wasa ake faɗa wa wawa gaskiya." Abotar tasu kuwa, "sai hali ya zo ɗaya ake abota."

Batun camama na buƙatar lura. A Kannywood kalmar na nufin fim ɗin ban dariya mai ƙaramin jari da ake ɗauka cikin 'yan kwanaki, irin waɗanda marigayi Rabilu Musa Ibro ya yi fice a kansu. Ta fuskar kuɗi akwai kama. Cheech da Chong, 'yan wasan barkwanci biyu da suka yi fice a irin waɗannan finafinai, a dandamali suka fara kafin fim ɗinsu na 1978. Darakta Kevin Smith kuma ya shirya fim ɗinsa Clerks na 1994 da dala 27,575, hoto baƙi da fari, a kantin da yake aiki a New Jersey, da dare bayan an tashi. Shi ya sa a labarin aka ce makullin ƙyauren taga ya toshe da cingam, ƙyauren ya zauna a rufe, don kada a gane dare ne. Fim ɗin kuma kusan hira ce zalla.

Sai dai camama na ɗauke da ɗan raini, kamar a ce aikin gaggawa ne. Idan ka sa ta, mai karatu zai ɗauka kushe kake yi. Ka rubuta "finafinan barkwanci masu ƙaramin jari, waɗanda ba manyan kamfanoni suka shirya ba."