Tambaya da Amsa: Kiɗan A.R. Rahman

Tambaya: Malam, ina koyon haɗa kiɗa a wani sutudiyo a Jos. Me ya sa kiɗan A.R. Rahman, mai haɗa kiɗan fina-finan Indiya, ke ratsa jiki haka?

Amsa: Ƙanena, ka sosa mini inda ke yi mini ƙaiƙayi. An haifi Rahman a birnin Madras na Indiya a 1967. Da kiɗan talla ya fara, har fim ɗin Roja ya fito da shi a 1992, kuma a 2009 ya ci lambar yabon fina-finai ta Oscar guda biyu. Ni abin da ke kama ni shi ne yadda yake ɗora sarewa da tabla (gangar Indiya) a kan kiɗan kwamfuta, ga ɗanɗanon waƙoƙin Sufaye. Ba ya cika kunne da hayaniya. Saurari yadda yakan bar murya ita kaɗai kafin ganga ta shigo, sannan ka gwada haka da kalangu.